Lauyan da ya ɓuya a saman gareji yana leƙen iyalinsa: muhawara kan fim ɗin Wakefield

Baban Zahra: Assalamu alaikum 'yan zaure. Wa ya kalli Wakefield a cikinku? Fim ne na Amurka, an fara haska shi a bukukuwan fina-finai a 2016, ya shiga silima a 2017. Bryan Cranston ne jarumin, wanda ya fito a Walter White cikin shirin talabijin mai dogon zango Breaking Bad, Jennifer Garner kuma ita ce matarsa. Wanda bai kalla ba, kuma ba ya son a ɓata masa, to ya tsallake, don har ƙarshe zan faɗa.

Howard Wakefield lauya ne a birnin New York, gidansa yana wata unguwar masu hali a bayan gari, da mata, Diana, da 'ya'ya mata tagwaye. Aurensu shekara 15. Wata rana yana dawowa daga aiki wuta ta ɗauke, jirgin ƙasa ya tsaya a hanya, sai da ƙafa ya ƙarasa gida cikin dare. Matar tana ta kiransa a waya ya ƙi ɗagawa, da ma sun kwana da faɗa. Yana isowa ya ga wata dabba da suke kira rakun tana ɓarna a kwandon shara, ya kore ta, ta haye ɗan ɗakin ajiyar tarkace da ke saman garejinsu, ya bi ta. A ɗakin akwai taga mai kallon cikin gidan. Ya zauna yana kallon iyalinsa suna cin abinci, ya ce bari ya jira matar ta kwanta don ya kauce wa faɗa. Barci ya kwashe shi. Da gari ya waye sai ya ga idan ya shiga yanzu ba za ta yarda a nan ya kwana ba, bari ta tafi aiki tukuna. Sai ga 'yan sanda, ta kira su. To daga "bari zuwa anjima" mutumin nan ya yi watanni a saman garejin. Gemu ya cika masa fuska, abinci sai na kwandon sharar maƙwabta, aikinsa kawai leƙen gidansa da madubin hangen nesa.

Abin da ya sa na kawo maganar: na ji tausayinsa, har abin ya ba ni tsoro. Mutum ya haura arba'in, safe ya fita, dare ya dawo, kowa a gidan da buƙata yake tarbarsa, babu mai tambayarsa shi me yake so. Ban ce ya kyauta ba. Amma na gane inda abin ya fito.

Ɗan Fagge: Yaya, don Allah tsaya. Lauya guda? A Amurka? Yana cin abincin bola da gangan? Wannan ai asibitin mahaukata na Dawanau za a kai shi, a daina ba shi suna mai daɗi. Mu da muke neman aikin ma ba mu samu ba.

Maman Hanif: Wa alaikumus salam. Na kalla, kuma Baban Zahra ni fa tausayinka ne ya fi ba ni mamaki, ba fim ɗin ba. Ka tuna me ya yi da safiyar farko? Matarsa na tsaye da 'yan sanda hankalinta a tashe, shi yana sama yana kallo yana jin daɗi. Yana kwaikwayon muryarta, yana kwaikwayon muryar uwarta yana dariya. Wanda gajiya ta kora daga gida nisa yake yi, ya je inda ba zai ji ko sunan gidan ba. Wannan bawan Allah taku kaɗan ya yi, ya zaɓi wurin da zai riƙa ganin ɗakin barcinta. Nauyin gidan ya sauke, sa ido a kan matar kuwa ƙara shi ya yi.

Baban Zahra: Maman Hanif, wannan a farkon fim ne. Kin manta yadda ya sauya daga baya? Har ya kai ga cewa shi ba iyalinsa ya bari ba, kansa ya bari. Ya daina shiga gidan yana satar abinci, ya ƙi taɓa katin bankinsa, ya bar musu komai.

Maman Hanif: Ya bar musu komai ban da albashi. Wa zai biya kuɗin gida? Ita ƙaramin aiki take yi a gidan adana kayan tarihi, shi ne mai kawo babban kuɗin. Kuma zancen "kaina na bari" daga bakin wa muka ji? Daga bakinsa. Fim ɗin gaba ɗaya muryarsa ce ke ba mu labari. Diana ta bayan gilashi muke ganinta, bakinta na motsi ba ma jin me take cewa, sai abin da ya ga dama ya sa mata a baki. Inda muke jin muryarta sosai shi ne idan yana tuna baya, nan ma tunawarsa ce. Lauya ne fa, sana'arsa ke nan ya tsara magana har mai laifi ya fita fes. Ya yi awa ɗaya da wani abu yana kare kansa a gabanka, ɗaya ɓangaren ba a ba ta dama ba, kai kuma har ka yanke hukunci.

Malamin Adabi: Hajiya ta taɓo wuri mai muhimmanci, bari in ƙara da asalin labarin. Wanda ya fara rubuta shi wani marubucin Amurka ne, Nathaniel Hawthorne, a 1835. A nasa, wani mutum ne a Landan ya ce wa matarsa zai yi 'yar tafiya ta kwanaki, ya je ya kama haya a layin da ke bayan gidansa, ya yi shekara 20 a can, yana wucewa ta ƙofar gidansa yana hango matar ta zama kamar wadda mijinta ya mutu. Wata rana da yamma ana ruwa, ya buɗe ƙofa ya shiga kamar jiya ya fita. Hawthorne daga waje yake kallon mutumin, yana ma yi masa ba'a, yana kiransa wawa. Sai E. L. Doctorow, shi ma marubucin Amurka, ya sake rubuta labarin a 2008 a mujallar The New Yorker, ya dawo da shi Amurka ta zamaninmu, ya rage shekarun zuwa watanni, ya kuma damƙa wa mutumin bakin magana. Daga nan Robin Swicord ta ɗauko, ita ta rubuta fim ɗin ita ta ba da umarni.

To mace ce ta shirya shi, kuma ni a ganina da gangan ta rufe bakin Diana. Ta kulle mu a ɗakin nan tare da Howard don mu ɗanɗani yadda yake kallon matarsa tun kafin ya hau saman garejin: abin kallo, abin mallaka, abin zargi. Idan ka lura, sau da yawa abin da yake cewa tana tunani da abin da fuskarta ke nunawa ba su dace ba. Yana cewa tana murna da tafiyarsa, kai kuma kana ganin mace ta gaji ta zauna ita kaɗai a kicin. Wannan saɓanin shi ne fim ɗin.

Ɗan Fagge: Shekara 20 a layin baya kuma ba wanda ya gan shi? A Fagge ko kwana biyu ba zai yi ba mai shayi zai kai rahoto.

Ɗan Damagaram: Dariya kake Ɗan Fagge, amma akwai gaskiya a ciki. Abin da ya sa Howard ya ɓace a unguwarsa shi ne, da ya tara gemu ya sa tsumma, mutanen da suka san shi sun daina kallon fuskarsa. Wanda ke tonon shara ba a haɗa ido da shi. Wannan kam ko a wajenmu haka ne. Mahaukacin da ke kwana a bakin tasha, mu nawa ne za mu iya faɗin kamanninsa?

Amma ni inda ban yarda da ku ba, kuna magana kamar ciwon Turawa ne. Mu nan mutum nawa suka tafi cin rani Libiya ko Abijan ko Legas, shekara ta farko ana aike, ta biyu ana waya, ta uku shiru? Wasu mutuwa ce ko kurkuku, Allah ya jiƙansu ya fid da su. Amma wasu suna nan lafiya lau, kunyar komowa hannu banza ta riƙe su, kowace shekara komowar na ƙara nauyi. Shi ma Howard ai haka ya faro. Daren farko tsoron faɗa, safiya tsoron bayani, bayan mako guda kuma wane bayani zai yi? Ba rana ɗaya ya zauna ya ƙudura barin gida ba.

Maman Hanif: Wanda talauci ya kora da wanda ƙoshi ya kora ba ɗaya ba ne, Malam.

Ɗan Damagaram: Ga matar da aka bari ɗaya ne, Hajiya.

Uwar Biyu: Ban so in yi magana ba, amma wannan ta ƙarshe ta sa dole. Mahaifinmu ya fita ina 'yar firamare, ya ce zai je Kudu ya dawo kafin azumi. Sai da aka yi min aure na haihu sannan ya dawo. Abin da masu tausayin Howard ba sa lissafawa shi ne jiran. Da mutuwa ya yi, da an yi zaman makoki, Inna ta yi takaba, an raba abin da ya bari, kowa ya san matsayinsa. Amma ita ba matar aure ba, ba bazawara ba. Manema suka zo ta kore su. Dangin miji suna cewa ita ta kore shi da hali, danginta suna cewa ta kai ƙara a raba auren. Duk wanda ya yi sallama da dare sai ta miƙe. Da ya dawo, ya tsufa, ba lafiya, ita ta yi jinyarsa har Allah ya karɓi abinsa, kuma har ya rasu bai taɓa zama ya faɗa mana dalili ba.

Don haka da na ga tagwayen nan a fim ɗin, su na kalla, ba uban ba. Kuma fim ɗin bai damu da su ba sosai. Yara biyu 'yan mata ubansu ya ɓace, ba su san ko yana raye ba, amma sai can ba a rasa ba ake nuna su, shi kuma har yana ƙorafin wai sun ci gaba da rayuwarsu ba su damu ba. To me yake so su yi?

Anti Larai: Allah ya jiƙan Baba, ya saka wa Inna da Aljanna. 'Yata, kin yi ƙoƙari da kika iya faɗa.

Baban Zahra: Amin. Uwar Biyu ki yi haƙuri idan maganata ta fama miki ciwo, wallahi ba nufina ke nan ba.

Uwar Biyu: Ba komai Yaya, ai muhawara ce.

Malam Na Zaure: Allah ya gafarta masa. Tunda an zo nan, halin da mahaifiyarki ta shiga shari'a ba ta bar shi haka ba. A mazhabar Malikiyya, kamar yadda yake a Risala, matar wanda ya ɓace tana kai magana gaban alƙali, a bincika, idan ba a samu labarinsa ba a yanka mata shekara 4, sannan ta yi idda irin ta mamaci, wata 4 da kwana 10, ta yi aure idan ta so. Wannan idan ya bar abin da za a ciyar da ita ne. Idan bai bari ba, tana da damar neman a raba auren saboda rashin ciyarwa, ba sai ta jira shekarun nan ba. Mata da yawa ba su sani ba, wasu kuma sun sani, surutun mutane ke hana su.

Game da mai fim ɗinku, ni ban kalla ba, da bayaninku nake magana. Namiji ya ji ƙunci ya keɓe kansa, wannan ba baƙon abu ba ne. Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya ƙaurace wa matansa wata guda, ya zauna a wani ɗaki na sama, ya sauko bayan kwana 29, hadisin yana cikin Bukhari. Amma kowa ya san inda yake, an san iyakar lokacin, Sayyidina Umar ma ya hau ya same shi. Wanda kuma ya yi rantsuwar ƙaurace wa matarsa, Alƙur'ani a Suratul Baƙara ya yanka masa wata 4, ko ya dawo ko ya sawwaƙe mata. Ka ga ana ba namiji wurin numfashi, amma ba a ba shi damar rataye mace ba. Kuma akwai hadisin Abu Dawud da ke cewa ya ishi mutum zunubi ya tozarta wanda yake ciyarwa.

Ɗan Fagge: Allah gafarta Malam, to a can ƙasar tasu fa? Matar za ta iya aure?

Barista Ƙarami: A dokar Ingila ta asali, wadda Najeriya ma ta gada a dokar shaida, sai mutum ya yi shekara 7 ba labari ake ɗaukarsa a matsayin mamaci. Jihar New York ta rage zuwa 3. Kafin nan abubuwa da yawa a tsaye suke: inshorar rai, gado, kadarar da ke da sunansa. Kuma kar a manta Howard lauya ne. Ya fi kowa sanin ƙullin da ya bar ta a ciki. Ni wannan ne ya hana ni karɓar uzurin cewa bai san abin da yake yi ba.

Sista Jummai: Ni ma'aikaciyar jinya ce a ɓangaren masu taɓin hankali, bari in ce wani abu kafin a gama yanke masa hukunci, don na ga zauren ya karkata gefe guda. Abin da ake kira rikicin tsakiyar rayuwa, wani likitan halayyar ɗan Adam ɗan Kanada, Elliott Jaques, shi ya raɗa masa suna a wata maƙala a 1965. Abin da ya ce a taƙaice, akwai shekarun da mutum ke farga cewa mutuwa ba labarin wasu ba ce, tasa ce, kuma abin da ya rage masa bai kai wanda ya wuce ba. Daga baya masana tattalin arziki, musamman David Blanchflower, sun duba bayanan ƙasashe sama da ɗari suka ga jin daɗin rayuwa yakan yi ƙasa a tsakiya, wajen shekara 47 zuwa 48, sannan ya sake hawa. Akwai masu ja da wannan binciken. Kuma ba cuta ba ce da ake rubutawa a katin asibiti.

Ciwon damuwa kuwa cuta ce, kuma a maza sau da yawa ba da kuka yake zuwa ba. Da faɗa yake zuwa, da shiru, da rashin barci, da gudun mutane. Sai iyali su ce Baba ya canza hali, ko an yi masa asiri, a yi ta yawon neman magani shekara da shekaru kafin a kawo shi wurinmu. Shi Howard ban ce ga abin da ke damunsa ba, fim ne, kuma yadda yake nishaɗi da abin a farko bai yi kama da masu ciwon damuwar da nake gani ba. Amma Baban Zahra ya ce abin ya ba shi tsoro don ya gane inda ya fito, kuka bi ta kan maganar kuka wuce. Ni ita ce ta fi tsaya min a duk abin da aka rubuta yau. Yaya, lafiya dai ko?

Baban Zahra: Lafiya lau Sista, na gode. Ba gareji zan hau ba, gidan haya nake, ko garejin babu. Amma tunda kin tambaya: nakan iso ƙofar gida da daddare in kashe mota in zauna a ciki, ba waya nake ba, ba rediyo ba, zama kawai. Ina jin muryar yara a ciki, ina son su kamar raina, amma ƙafata ta ƙi sauka. Na san da na shiga za a fara: kuɗin makaranta, gas ya ƙare, mai gida ya aiko, ƙanina ya kira daga ƙauye. Motar nan ita ce kaɗai wurin da ba wanda ke bina bashin komai.

Ɗan Damagaram: Wallahi ba kai kaɗai ba ne.

Kawu Sale: Mu da ba mu da mota majalisa muke zuwa. Ku duba kowace unguwa bayan isha'i, benci cike da magidanta har sha biyun dare, ana siyasa ana ƙwallo. Rabinsu ba hirar ce ta zaunar da su ba, jira suke a yi barci a gida. Ni na yi wannan zaman shekaru, sai da na aurar da 'yata ta fari na lura ban san ƙawayenta ba, ban san abincin da ba ta ci ba. Ina gidan kullum, ban taɓa kwana a waje ba, ban taɓa fashin cefane ba. Idan aka ce a lissafa mazan da suka guje wa iyalinsu ba wanda zai sa sunana.

Anti Larai: Sale, gara da ka faɗa da bakinka. Ni na girme ku duka a zauren nan, bari in faɗa muku yadda abin yake daga cikin gida. Lokacin da kake zaune a mota, Baban Zahra, matarka ta ji tsayuwar motar. Ta san ƙarar injinka. Tana duba agogo, tana tunanin ko da wata kake waya. Ba za ta kawo gajiya a ranta ba, don ba ka taɓa ce mata ka gaji ba. Ku maza an hore ku a kan cewa faɗin damuwa ga mace raini yake jawowa, mu kuma an hore mu a kan cewa shirun namiji kishiya ce a hanya. Kuma ba laifinmu ba ne, don sau nawa shirun ya ƙare da lefe? A nan ƙasar idan namiji ya kai shekarun da Sista ta faɗa ya ji rayuwa ta yi masa salam, ba bola yake bi ba, amarya yake yi. Aure halal ne, ban ce komai ba. Amma wanda ya ƙara aure don gudun kansa, bayan shekara biyu za ka gan shi zaune a mota a ƙofar gida biyu.

Sannan ita matar, ina tata motar? Ita ma ta haura arba'in, ita ma ta farga da abin da likitan Kanada ya faɗa. Wa ya taɓa jin uwa ta haye saman gareji? Ko banɗaki ta shiga yaro na buga ƙofa.

Maman Hanif: Anti, Allah ya ƙara girma. Abin da nake ta son faɗa ke nan. Diana rawa ta koya, ita ce sana'arta kafin aure, ta ajiye. Ba wanda ya yi fim a kan nata ƙuncin.

Ɗan Fagge: Anti kin sa na fasa aure.

Anti Larai: Ka samu aikin tukuna, ɗan nema.

Malamin Adabi: Akwai abin da ba a taɓo ba, kuma shi ne ya fi nuna ko wane ne Howard. Yadda ya auri Diana. Budurwar abokinsa ce, Dirk Morrison, su biyun kullum cikin gasa suke. Ya shiga tsakaninsu da makirci har ya raba su ya aure ta. A saman garejin ne ya fara tambayar kansa, shin da ba a hannun Dirk ya gan ta ba, da zai so ta? Kuma cikin auren ma kishi suka mayar abin wasa, yana zarginta da kula maza, a yi faɗa, a shirya. To me ya sauko da shi daga ƙarshe? Sanyi bai sauko da shi ba, rashin lafiya ba ta sauko da shi ba, kewar 'ya'yansa ba ta sauko da shi ba. Sai da ya hango Dirk ya fara zuwa gidan, lokacin bukukuwan ƙarshen shekara, sannan ya je ya yi aski ya sayi kwat. Duk falsafar da ya yi ta watanni, abin da ya fara haɗa shi da matar shi ne ya dawo da shi.

Baban Zahra: Malam, a nan zan ja da kai kaɗan. Ka tsallake yaran nan biyu, Herbert da Emily, masu lalurar ƙwaƙwalwa da ke zaune a gidan likitan da ke maƙwabtaka. Su kaɗai suka gano shi, ba su tona ba, suna kawo masa abinci, suka kula da shi da ya kwanta ciwo. Mutumin da a da ko kallonsu ba zai yi ba, ya koma su ke ciyar da shi. Ni a nan na ga ya karye. Bayan nan yadda yake magana a kan Diana ya sauya, ba'ar ta ragu, ya fara cewa shi ne ya takura mata. Zuwan Dirk ya sa shi gaggawa, na yarda, amma ba mutumin da ya hau ba ne ya sauko.

Maman Hanif: To ya sauya. Wa ya biya kuɗin makarantar? Mata da 'ya'ya biyu suka yi kusan shekara cikin fargaba don Alhaji ya gano cewa yana son matarsa. Kuma yaran da ka ambata, wannan wurin ne ma ya fi ba ni haushi. An kawo masu lalura ne kawai don su gyara zuciyar mai kuɗi, da suka gama aikinsu labari ya watsar da su.

Malamin Adabi: Wannan sukar na karɓe ta, Hajiya.

Sista Jummai: Baban Zahra, na tura maka saƙo ta gefe, ka duba idan ka samu sarari. Ba wani abu ba ne, lambar wani abokin aikina ce.

Baban Zahra: Na gani Sista. Zan kira.

Ɗan Fagge: To wai ya aka ƙare? Ta karɓe shi ko ta kwaɗa masa tukunya?

Malamin Adabi: Ba a nuna ba. Yana tsaye a waje ya hasko abin iri biyu a ransa, a ɗaya sun rungume shi da kuka, a ɗaya sun firgita. Sai ya buɗe ƙofa ya shiga ya ce ya dawo, fim ya ƙare. Hawthorne ma a bakin ƙofa ya tsaya, ya ce ba zai bi shi ciki ba.

Ɗan Fagge: Kai! Na tsani irin wannan. A ce mutum ya ƙona data ya zauna kusan awa biyu.

Barista Ƙarami: Ni tambayata ɗaya, zai faɗa mata inda yake? Don idan ya ce ya rasa tunaninsa ne ya yi ta yawo, za ta iya yafewa, jinya za a yi. Idan kuwa ta hau saman garejin ta ga shimfiɗarsa da madubin hangen nesa a bakin taga, ta gane duk kukan da ta yi yana kallo, wannan auren ko kotu ba sai an je ba.

Uwar Biyu: Za ta buɗe masa. Saboda yaran, saboda gajiya, saboda mutane. Inna ma ta buɗe. Ta ba shi ruwa, ta sa aka gyara masa ɗaki, ta yi masa tuwo. Amma ban sake jin ta kira shi da sunan da take kiransa da shi da ba, "Malam" kawai take cewa kamar baƙo.

Maman Hanif: Ni kam sai ya koma garejin ya ƙarasa shekarar, in ya so a aiko manya.

Kawu Sale: Hajiya, manyan ma suna majalisa.

Mai Kula da Zaure: Jama'a dare ya yi. Masu tambayar inda za su samu fim ɗin, a daina saka hanyoyin saukewa na sata a nan, na goge guda biyu. Kuma a sani akwai wuraren da ba na kallo da yara ba ne. Malam Na Zaure, mata uku sun yi min magana ta gefe suna son ƙarin bayani kan hukuncin matar wanda ya ɓace, musamman yadda ake shigar da maganar a kotun shari'a. Idan ka amince mu buɗe masa zare na daban ranar Asabar, Barista ya taimaka da ɓangaren takardu.

Malam Na Zaure: Na amince, in sha Allah. Amma bayan la'asar, da safe ina da ɗaurin aure.